Ƙayyade Haihuwa ko Ba da Tazara? Abin da Dokar Nijar ta Ce da Abin da Damargu ke Fuskanta

A ƙauyukan Belbeji da Tanut, kamar sauran karkarar jihar Damagaram, da wuya a buɗe zancen allurar tazarar haihuwa a rufe ba tare da wani ya jefo tambayar nan ba: shin gwamnati so take ta yanke wa magidanci yawan 'ya'yan da zai haifa? Wasu ma sun wuce tambaya. Sun riga sun gaskata cewa manya sun sa hannu a wata takarda a wani babban taro, wadda ta ce daga uku kowa ya tsaya.

Babu irin wannan doka a Nijar, ba a kuma taɓa yin ta ba. Sai dai faɗin haka kaɗai ba ya kashe maganar, domin jita-jitar ba daga sama ta faɗo ba. An yi taron, an ambaci ukun, kuma akwai ƙasashen da hukuma ta taɓa kutsawa har ɗakin ma'aurata da ƙarfin mulki. Ga kuma Damargu kanta, yankin da Belbeji da Tanut suke, inda gona ke ƙara matsewa, damina ba ta da tabbas, yara kuwa suna ƙaruwa kowace shekara.

Abubuwan da ake cuɗawa wuri guda

Ƙayyade haihuwa, ko ƙayyade iyali, shi ne a sa iyaka a ce daga nan an gama. Idan hukuma ce ta sa iyakar, takan haɗa ta da hukunci: tara, ko kora daga aiki, ko hana yaro takardar haihuwa, wani lokaci har da tiyatar dole.

Tazarar haihuwa kuwa hutu ne tsakanin wannan ciki da na gaba, ba ta kuma faɗi adadi ba. Mace tana iya ba da tazara ta haifi bakwai. Hukumar Lafiya ta Duniya tana ba da shawarar a jira aƙalla wata 24 bayan haihuwa kafin a sake ɗaukar ciki, abin da bai yi nisa da al'adar Hausawa ba. Tun kafin a san ƙwaya da allura, uwa kan shayar da ɗanta kusan shekara biyu, takan tafi goyon ciki da wankan jego gidan iyayenta, kuma kwanika, wato ɗaukar ciki alhali ana shayarwa, abin kunya ne da tsofaffin mata ke yi wa faɗa a kai. Macen da ke rurrutsa, tana jera haihuwa kusa da kusa, tausayinta ake ji.

Tsarin iyali shi ne sunan da ya tattara duka: miji da mata su shawarta lokacin haihuwa da tazara da adadi, har da neman magani ga waɗanda haihuwar ta yi wa wuya. Ma'aikatan likita a Nijar kan taƙaita sunansa na Faransanci da haruffa biyu, PF.

Sai bambanci tsakanin doka da manufa, wanda rashin gane shi ne ya fi rikita jama'a. Doka umarni ce mai hukunci a bayanta. Manufa buri ce da gwamnati ke rubutawa ta ce tana fatan kaiwa can nan da shekara kaza, ba a kuma kai kowa gaban alƙali don ya saɓa mata. Alƙaluman da ake ji a rediyo, irin su 7.6, su ne matsakaicin haihuwa: idan aka ɗauki mata goma aka haɗa duk 'ya'yan da za su haifa a rayuwarsu, za a sami 76.

Tarihin lamarin a Nijar

Abin da mutane da yawa ba su sani ba shi ne, tsohuwar dokar da Nijar ta gada akasin ƙayyadewa take. A 1920 Faransa, wadda yaƙin duniya na farko ya cinye mata samari, ta haramta tallar hanyoyin hana ɗaukar ciki, dokar kuma ta bi ta zuwa ƙasashen da ta mallaka. Nijar ta sami 'yancin kai a 1960 da wannan doka a littafinta.

Fari ne ya sauya tunanin hukuma. Bayan yunwar 1984, wadda mutanen karkara ke kira El-Buhari, Shugaba Seyni Kunce ya yi wani jawabi a Matamaye a 1985, a nan jihar Damagaram, inda ya fito fili ya haɗa maganar yawan haihuwa da ta ƙarancin abinci. A 1988, zamanin Ali Shaibu, aka fitar da dokar da ta halatta amfani da hanyoyin tazara na zamani. An rubuta manufar ƙasa kan yawan jama'a a 1992, aka sabunta ta a 2007, aka sake yin wata ta 2019 zuwa 2035. A 2006 aka kafa dokar lafiyar haihuwa, wadda ta bar zaɓin adadi da tazara a hannun ma'aurata, a daidai lokacin da gwamnati ta mayar da magungunan tazara da jinyar yara 'yan ƙasa da shekara biyar kyauta.

Majalisar dokokin Nijar ba ta taɓa zama mai gaggawa a kan sha'anin iyali ba. Yunƙurin kafa kundin dokokin iyali ya ci tura a shekarun 1990, ya sake cin tura a 2011, saboda adawar ƙungiyoyin addinin Musulunci. A 2006 majalisar ta ƙi amincewa da yarjejeniyar Maputo kan haƙƙin matan Afirka. Ƙasar da ta kasa ɗaga shekarun auren 'ya mace daga 15 a dokarta ta farar hula, da wuya a ce ta kafa dokar ƙidaya wa mutane 'ya'ya a ɓoye.

Abin da gwamnatoci suka yi shi ne lallashi. A jihar Damagaram aka fara makarantar mazaje wajen 2008, da tallafin asusun Majalisar Ɗinkin Duniya mai kula da yawan jama'a, inda magidanta da ake ganin girmansu ke zama su tattauna awon ciki da haihuwa a likita da tazara, sannan su isar wa 'yan'uwansu maza. Shugaba Mohamed Bazoum, kafin juyin mulkin 26 ga Yuli 2023, ya ɗora ƙarfinsa a kan makarantun kwana na 'yan mata, bisa hujjar cewa yarinyar da ta daɗe a aji ba ta yin aure da wuri.

Daga ina maganar 'ya'ya uku ta fito?

A watan Yuli na 2017 'yan majalisun ƙasashen CEDEAO, wato ƙungiyar tattalin arzikin Afirka ta Yamma, tare da na Cadi da Muritaniya, suka yi taro a Wagadugu. Shugaban majalisar Burkina Faso na lokacin, Salifou Diallo, ya bayyana burinsu na ganin matsakaicin haihuwa ya sauko zuwa 'ya'ya uku ga kowace mace kafin 2030. Sanarwa ce ta taro, ba ta da hukunci, babu kuma majalisar da ta koma gida ta mai da ita doka. Amma ta zo a mugun lokaci. Makonni biyu kafin nan, Shugaban Faransa Emmanuel Macron ya faɗa a taron manyan ƙasashe ashirin a Hamburg cewa zuba kuɗi ba zai daidaita ƙasashen da mata ke haifar bakwai ko takwas ba. Kowa ya san wace ƙasa ce ke da wannan adadi. Da maganganun biyu suka haɗu a kunnen talaka, sai suka zama abu guda: Bature ya ba da umarni, shugabanni sun amsa.

Akwai kuma abin da ke tsallakowa daga kudu, tunda rediyo da 'yan ci-rani ba su san iyaka ba. A 1988 gwamnatin Janar Ibrahim Babangida ta fitar da manufar 'ya'ya huɗu ga kowace mace a Najeriya. Ita ma ba doka ba ce, ta kuma sha suka daga ɓangare biyu: malamai suka ce shisshigi ne, wasu kuma suka ce ai mai mata huɗu zai tashi da goma sha shida, mai mace ɗaya ya tsaya a huɗu. A 2012 Shugaba Goodluck Jonathan ya furta cewa mai yiwuwa a buƙaci doka, aka yi masa ca, maganar ta mutu a nan.

Irin wannan zargi yana da tsada. A 2003 jihar Kano ta dakatar da rigakafin shan inna bisa raɗe-raɗin cewa an sa masa maganin hana haihuwa, ba a ci gaba ba sai tsakiyar 2004, cutar kuma ta bazu zuwa ƙasashe da dama da suka riga suka rabu da ita. Mutanen Kano suna da dalilin tsoro, domin ba su manta da gwajin maganin Trovan da kamfanin Pfizer ya yi a kan yaransu lokacin annobar sanƙarau ta 1996 ba. Amma yaran da suka gurgunce su suka biya kuɗin wannan rashin yarda.

Ƙasashen da suka yi da ƙarfi

Ƙasar Sin ita ce babban misali. A 1980 jam'iyya mai mulki ta tsayar da tsarin ɗa ɗaya ga mafi yawan ma'aurata. Daga baya aka sassauta wa manoma da yawa, aka ba su damar na biyu idan na fari mace ce, aka kuma ɗaga wa ƙananan ƙabilu ƙafa. Wanda ya saɓa yakan biya tara mai nauyi da ta kan ninka abin da yake samu a shekara, ma'aikaci ya rasa aikinsa, a wurare da dama kuma aka tilasta wa mata zubar da ciki ko tiyatar rufe mahaifa. A 1983 kaɗai an yi wa mutum sama da miliyan 20 tiyatar hana haihuwa.

Gwamnatin ta yi iƙirarin hana haihuwar mutum miliyan 400, amma masana da yawa ba su yarda da lissafin ba, dalilinsu kuma mai ƙarfi ne. Matsakaicin haihuwa a Sin ya riga ya faɗo daga kusan 6 a 1970 zuwa ƙasa da 3 a 1978, kafin a ambaci ɗa ɗaya, ta hanyar jinkirta aure da ba da tazara. Wato mafi yawan saukar ta auku ne kafin dokar, abin da dokar ta ƙara kuwa ya zo da ɓarna mai yawa.

Ɓarnar farko ta faɗa wa 'ya'ya mata. Al'ummar da ke fifita namiji, da aka ce mata damarta ɗaya ce, sai ta koma duba jinsin ciki da na'ura tana zubar da mata. A al'ada ana haifar maza kusan 105 a kan mata 100, amma a Sin adadin ya kai wajen 120 a tsakiyar shekarun 2000. Ƙidayar 2020 ta nuna maza sun fi mata yawa da kusan miliyan 35, waɗanda suka fi rasa matar aure kuwa talakawan karkara ne. Ƙidayar 2010 kuma ta gano mutum miliyan 13 da ba su da rajista, da yawansu yaran da iyaye suka ɓoye ne, waɗanda suka tashi makaranta da asibiti suna yi musu wuyar shiga. Ga iyayen da ɗansu tilo ya rasu bayan sun wuce shekarun haihuwa. Ga kuma matashi guda da ke ɗauke da iyaye biyu da kakanni huɗu.

Da hukuma ta ga tsofaffi suna rinjayar masu aiki, sai ta juya. Ta ba da damar biyu daga 2016, uku daga 2021. Mutane ba su amsa ba. Jariran da aka haifa sun ragu daga kusan miliyan 18 a 2016 zuwa miliyan 9 a 2023, a 2022 kuma yawan jama'ar ƙasar ya ragu a karon farko tun 1961. Gwamnatin da ta iya hana haihuwa da tara ta gano ba ta iya sayo ta da tallafi.

Indiya ta gwada nata a lokacin dokar ta-ɓaci ta Indira Gandhi, daga 1975 zuwa 1977. Aka ɗora wa malaman makaranta da 'yan sanda da ma'aikata adadin mutanen da za su kawo a yi wa tiyata, a shekara guda aka yi wa kusan miliyan 8, yawancinsu maza talakawa. Ta sha kaye a zaɓen 1977, shirin tsarin iyali kuma ya daɗe yana fama da baƙin jini. A Peru, zamanin Alberto Fujimori, an rufe wa mata kusan 270,000 mahaifa tsakanin 1996 da 2000, akasarinsu matan ƙauye 'yan asalin ƙasar, da yawa ba da cikakkiyar yardarsu ba. Biyetnam ta soke tsarinta na 'ya'ya biyu a 2025. A duk waɗannan wurare matalauta da mata ne suka ɗauki nauyin.

Akwai ƙasashen Musulmi da haihuwa ta sauko a cikinsu ba tare da an kai ga haka ba. Iran ta farfaɗo da shirinta a 1989 da amincewar malamanta, ta kai ƙananan ɗakunan shan magani ƙauyuka, ta sa 'yan mata a makaranta, matsakaicin haihuwa ya faɗo daga sama da 6 zuwa kusan 2 cikin shekara goma sha biyar. Gaskiya ne ta haɗa da matsin lamba, domin dokar 1993 ta janye wasu tallafi daga ɗa na huɗu. Yau ita ma roƙon jama'a take su ƙara haihuwa. Bangaladash ta bi hanyar tura ma'aikata mata gida gida, ta sauko daga sama da 6 a shekarun 1970 zuwa ɗan sama da 2.

Lissafin Damargu

Ƙin dokar tilas ba ya share alƙaluma. Nijar tana da mutum kusan miliyan 5 a ƙidayar 1977, miliyan 11 a ta 2001, miliyan 17.1 a ta 2012. Ƙaruwar kashi 3.9 cikin ɗari a shekara tana nufin jama'a na ninkuwa cikin shekara goma sha takwas. Binciken lafiya na ƙasa na 2012 ya ba da matsakaicin haihuwa 7.6, jihar Damagaram ce kan gaba da 8.5, Maraɗi na bi mata, Yamai kuwa 5.3. Wani binciken na 2021 ya nuna adadin ƙasar ya sauko zuwa 6.2.

Belbeji ta zama gunduma mai cin gashin kanta a 2011, bayan an yanke ta daga Tanut. Ƙidayar 2012 ta sami mutum kusan 96,000 a cikinta, Tanut kuma kusan 429,000. A 2001, lokacin suna haɗe, ba su kai 340,000 ba.

Damargu ta yi suna a matsayin rumbun hatsi. Daga nan ayarin Abzinawa ke ɗaukar gero zuwa Abzin da Bilma, garuruwa irin su Jajiduna kuma a da zangon fatake ne a hanyar Kano zuwa Tarabulus. Amma rumbun yana bakin hamada ne. Ruwan sama a yawancin shekaru bai wuce milimita 200 zuwa 350 ba, abin da ke gab da iyakar da gero zai iya nuna. Noman da ya riƙe yankin a da yana buƙatar fili mai yawa da barin gona ta huta shekaru. Idan uba ya raba gandu ga 'ya'ya maza biyar, kowannensu ya sake rabawa, hutun gona shi ne ke fara tafiya, damman da ake ɗaurewa su ragu, sannan a nufi arewa neman sabon fili.

A nan ake cin karo da makiyaya. Dokar 1961 ta shata iyakar noma ta arewa, ta bar abin da ke bayanta ga masu kiwo, dokar makiyaya ta 2010 kuma ta sake tabbatar da ita. Damargu da kwarin Tarka suna kan wannan layi. Duk gonar da aka sare a makiyaya ko a kan burtali, ciyawar Bafillace ce ko ta Buzu ta ragu, su ma kuwa nasu iyalin ƙaruwa yake yi. Rikicin ɓarnar gona bayan damina da cunkoso a bakin rijiya da rani suna da alaƙa da wannan matsi, ko da yake ba shi kaɗai ba ne sanadi.

Masu cewa Nijar tana da faɗi ba su yi ƙarya ba, murabba'in kilomita miliyan 1.267 ba wasa ba ne. Sai dai kashi biyu cikin uku hamada ce. Hujjar da ta fi wannan ƙarfi ita ce ta kudancin jihar: a Magarya da Matamaye da Mirya, inda mutane suka fi cunkoso, manoma sun raya gawo da sauran itatuwa a gonakinsu ta hanyar sassaben zamani, har ana ƙiyasta fili kusan eka miliyan 12 ya farfaɗo a faɗin kudancin ƙasar. Yawan hannu yana iya gyara ƙasa. Amma can ruwan sama ya fi na Belbeji nesa ba kusa ba, kuma daga wannan yanki mai itatuwa, wajen Kance, aka fi samun mata da yara masu tafiya Aljeriya bara. Mutum 92 da ƙishirwa ta kashe a hamada a watan Oktoba na 2013, akasarinsu mata da yara, yawancinsu daga can suka taso.

Me ya sa ake son su da yawa?

Kuskure ne a ɗauka jahilci ne ke sa mutane haihuwa. A binciken 2012 da aka tambayi 'yan Nijar adadin da suke so, mata suka ce kusan tara, maza kusan goma sha ɗaya, wato fiye da abin da ake haifa. Manomin Damargu ba shi da fansho, ba shi da injin noma. 'Ya'yansa su ne masu noma da kiwo da ɗebo ruwa, su ne masu tafiya bida Libiya ko Najeriya su aiko da kuɗin tiyar hatsi idan rumbu ya ƙare. A gidan kishiyoyi, inda fiye da kashi ɗaya cikin uku na matan aure ke zaune, yawan 'ya'ya yana da nasaba da matsayin mace da rabon gadon ɗakinta.

Sannan akwai mutuwa. Binciken 1992 ya nuna a cikin yara 1,000 da aka haifa a Nijar, 318 ba sa kai shekara biyar. Uwar da ta binne uku cikin goma ba za a ce mata ta tsaya a uku ta saurara ba. Zuwa 2012 adadin ya sauko zuwa 127, nasarar da ba a cika yaba wa ƙasar a kanta ba, kuma ita ce babban dalilin saurin ƙaruwar jama'a: yaran da a da ƙyanda da zazzaɓi ke ɗauka yanzu suna rayuwa. A ko'ina a duniya iyaye kan ɗauki lokaci kafin su amince cewa 'ya'yansu za su rayu, daga nan ne haihuwa ke bin baya ta sauko.

Auren wuri ma yana cikin lissafi. Bisa binciken 2012, kashi 76 cikin ɗari na 'yan matan Nijar kan yi aure kafin shekara 18, kashi 28 kafin 15. Wadda ta fara haihuwa tana da sha biyar tana da shekara talatin na haihuwa a gabanta, ga haɗarin doguwar naƙuda da yoyon fitsari. Macen da ba ta shiga makaranta ba tana haifar kusan takwas, wadda ta kai sakandare kusan biyar, ba tare da kowa ya ci ta tara ba.

Matsayin malamai

Mutane kan ce bakin da Allah Ya tsaga ba Ya hana shi abinci, malamai kuma suna tunatar da hanin da Alƙur'ani ya yi na kashe 'ya'ya don tsoron talauci, da hadisan da ke kwaɗaitar da yawan al'umma. Wasu malaman a kan wannan suka tsaya, suna ƙin duk wata hanyar zamani. Wasu kuma suna kafa hujja da shayarwar shekara biyu da ta zo a Suratul Baƙara, da azalu, wato zubar da maniyyi a waje, wanda sahabbai suka yi a zamanin Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi.

Majalisar fiƙihu ta ƙungiyar ƙasashen Musulmi ta zauna a Kuwait a watan Disamba na 1988 ta yanke hukunci mai sassa uku. Bai halatta hukuma ta kafa dokar gama-gari da za ta tauye wa ma'aurata 'yancin haihuwa ba. Haramun ne kashe ƙarfin haihuwa gaba ɗaya sai da larura. Ya halatta a jinkirta ciki na wani lokaci don ba da tazara, idan akwai buƙata kuma miji da mata sun yarda. Shekara shida bayan haka, babban taron Majalisar Ɗinkin Duniya kan yawan jama'a da aka yi a Alƙahira a 1994 shi ma ya yi watsi da tilas da ɗora wa ma'aikata adadi. A kan dokar ƙayyadewa dai, fatawar malamai da matsayin duniya sun zo ɗaya.

Da za a kafa dokar a Belbeji

Ba za ta yi aiki ba, kuma ƙoƙarin aiwatar da ita zai rusa abin da aka gina. Sin ta iya ne saboda tana da jami'i a kowace unguwa da kowace masana'anta. A Nijar, binciken 2012 ya nuna kusan kashi ɗaya cikin uku na yara ba a yi musu rajistar haihuwa ba, balle a rugage da zangunan makiyaya da ke tashi da dabbobinsu. Abu na farko da iyaye za su yi shi ne ɓoye ciki. Mata za su ƙaurace wa awo, su haihu a gida, a ƙi kai yara rigakafi, a ƙi kai mai tamowa likita don kada a ƙidaya shi. A ƙasar da mata 535 ke mutuwa a cikin kowace haihuwa 100,000, bisa alƙaluman 2012, wannan hasarar rayuka ce kai tsaye.

Ko jita-jitar dokar ma tana yin irin wannan ɓarna a yau. Kusan kashi 16 cikin ɗari na matan aure sun shaida wa masu binciken 2012 cewa suna son hutu ko tsayawa amma ba sa amfani da komai, masu amfani da hanyoyin zamani kuwa kashi 12 ne kacal. Mace mai goyon wata shida da ke son allura ko ƙwaya ko ashanar hannu don ta yaye ɗanta lafiya, idan mijinta ya gaskata cewa shirin na rage Musulmi ne, to ko ta haƙura ko ta yi a ɓoye, duka biyun kuma ba alheri ba ne ga gidan.

Inda ya kamata jama'a su matsa wa hukuma shi ne alƙawuran da ta riga ta ɗauka. Masu bincike na cibiyar LASDEL da ke Yamai sun nuna yadda jinkirin biyan likitoci kuɗin jinyar kyauta ya riƙa barin su babu magani. Ƙauyen da ke da tafiyar yini zuwa ungozomar zamani, ko wanda 'yan matansa ba su da kwalejin da za su shiga ba tare da an kai su riƙo wani gari ba, bai ga amfanin kowace manufa ba tukuna. Masana tattalin arziki suna maganar ribar yawan jama'a, wato lokacin da masu aiki suka rinjayi waɗanda ake ciyarwa, amma ribar ba ta samuwa sai matasan suna da ilimi da sana'a.

Akwai kuma abin da babu dokar da za ta sauya shi. Kusan rabin 'yan Nijar ba su kai shekara 15 ba. Ko da daga gobe kowace mace za ta tsaya a uku, jama'a za su ci gaba da ƙaruwa shekaru da dama, domin iyayen gobe an riga an haife su. Yaran da ke kiwon awaki a kwarin Tarka yau za su nemi gona da rijiya da aji ga nasu 'ya'yan nan da shekara goma zuwa goma sha biyar, kuma shata burtali da haƙa rijiyoyi da gina kwalejojin da za su ishe su aiki ne da ke kan teburin gundumar Belbeji da ƙaramar hukumar Tarka tun yanzu.